Tarihin Guy de Maupassant, marubucin labaran ban tsoro na Faransa

Shekaru goma kacal Guy de Maupassant ya yi yana rubutu gadan-gadan, daga 1880 zuwa 1890, amma a cikin wannan ɗan lokaci ya wallafa gajerun labarai kimanin 300, da dogayen ƙagaggun labarai shida, da littattafan tafiye-tafiye uku. Yawancin labaransa kan rayuwar manoma ne da ƙananan ma'aikatan gwamnati da sojoji. Sai dai waɗanda suka fi zama a zukatan masu karatu a wajen Faransa su ne 'yan kaɗan da ya rubuta kan tsoro da gushewar hankali, musamman da yake shi kansa a asibitin masu taɓin hankali ya ƙare rayuwarsa.

An haifi Maupassant a ranar 5 ga watan Agustan 1850 a yankin Normandy da ke arewacin Faransa. Yana yaro iyayensa suka rabu, mahaifiyarsa Laure ta koma garin Étretat na bakin teku tare da shi da ƙaninsa Hervé. A can ya tashi cikin masunta da 'ya'yan manoma, ya koyi tuƙa kwalekwale, ya kuma kamu da son ruwa har ƙarshen ransa. An sa shi makarantar limaman coci a Yvetot, aka kore shi, ya ƙarasa karatun sakandare a birnin Rouen a 1869.

A Étretat ɗin ne ya gamu da abin da ya zama tushen labarinsa na farko. A shekarar 1868 mawaƙin Ingila Algernon Swinburne ya kusa nutsewa a teku, kuma sanadiyyar haka matashin ya sami shiga gidan da baƙon ya sauka. A cikin kayan gidan akwai busasshen hannun mutum. Daga baya hannun ya koma mallakar Maupassant, kuma a 1875 ya wallafa labarin La Main d'écorché, wato hannun da aka feɗe, da sunan aro na Joseph Prunier. Labarin wani ɗalibi ne da ya maida irin wannan hannu abin wasa, hannun kuma ya shaƙe shi da dare.

Yaƙin Faransa da Prusiya na 1870 ya katse masa karatun shari'a da ya fara a Paris. Ya shiga soja, ya ga yadda rundunar ƙasarsa ta tarwatse. Bayan yaƙin ya zama akawu a ma'aikatar sojan ruwa, daga bisani a ma'aikatar ilimi, aikin da ya tsana matuƙa. Ranakun hutu yakan yi su ne a kogin Seine, cikin tuƙa kwalekwale da sheƙe aya. A waɗannan shekaru ya kamu da ciwon tunjere, wanda likita ya tabbatar masa a 1877. A lokacin babu maganin da ke warkar da cutar, sai zaiba da makamantanta da ake ɗirka wa majiyyaci.

Sa'ar da ya yi ita ce ta malami. Gustave Flaubert, marubucin Madame Bovary, aminin kawunsa ne tun ƙuruciya, sai ya riƙe shi tamkar ɗa. Shekara da shekaru yana duba masa rubutu, yana sokewa, yana hana shi gaggawar bugawa, yana koya masa ya zura wa abu ido har sai ya gano abin da ya bambanta shi da duk irinsa. A watan Afrilun 1880 aka buga labarinsa Boule de Suif a cikin wani kundi da Émile Zola ya jagoranta. Labarin wata karuwa ce da ta ciyar da manyan gari a cikin keken doki suna gudun yaƙi, suka matsa mata ta ba da kanta ga wani hafsan Prusiya domin a sake su, da buƙata ta biya suka juya mata baya. Flaubert ya yaba labarin ƙwarai, kuma makonni kaɗan bayan fitowarsa ya rasu, a ranar 8 ga watan Mayu.

Daga nan Maupassant ya bar aikin gwamnati. Jaridun Le Gaulois da Gil Blas suka riƙa buga labaransa kusan kowane mako, kuɗi suka shigo, ya gina gida a Étretat, ya sayi jirgin ruwan shaƙatawa ya raɗa masa sunan littafinsa Bel-Ami na 1885. A 1881 Le Gaulois ta aike shi Aljeriya lokacin boren Bou Amama, inda ya soki yadda hukumomin mulkin mallaka ke ƙwace filayen mutane, ko da yake rubutunsa bai kuɓuta daga raina Larabawa irin na Turawan zamaninsa ba. Bai taɓa yin aure ba.

Labaran fatalwa ba sabon abu ba ne a adabin Faransa. Théophile Gautier ya rubuta labarin matacciyar da ta yaudari limamin coci a 1836, Prosper Mérimée ya rubuta na gunkin tagulla da ya kashe ango a 1837, sannan Charles Baudelaire ya fassara labaran Ba'amurke Edgar Allan Poe tun daga shekarun 1850. Abin da Maupassant ya sauya shi ne mazaunin tsoron. A wurinsa babu tsohon gidan sarauta, babu shaiɗan mai ƙaho. Akwai mutum mai ilimi, mai wadata, wanda ba ya camfi, zaune shi kaɗai a ɗakinsa, sai wani ɗan abu ya ƙi zama daidai. A labarin Sur l'eau, wani matuƙin kwalekwale ne ƙarfen tsaida jirginsa ya maƙale a tsakiyar kogi, ya kwana cikin hazo yana makyarkyata ba tare da ya ga komai ba. Da gari ya waye aka jawo ƙarfen, sai ga gawar wata tsohuwa da dutse ɗaure a wuya.

Labarin da ya fi shahara shi ne Le Horla, kuma sau biyu ya rubuta shi. A na farko, wanda Gil Blas ta buga a watan Oktoban 1886, wani majiyyaci ne ke ba da labarinsa gaban likitoci, har likitansa ya tabbatar da cewa maƙwabtan mutumin ma sun kamu da irin wannan lalura. A na biyu, na 1887, Maupassant ya cire likitocin, ya cire shaidu, ya bar mai karatu da littafin da mutumin ke rubuta abin da ke samunsa kullum. Wannan gyara shi ne ya ɗaga labarin, domin babu sauran wanda za a tambaya ko gaskiya ne ko hauka.

Mutumin yana zaune ne a gidansa na bakin kogin Seine kusa da Rouen. Wata safiya ya ga wani farin jirgin ruwa na ƙasar Brazil yana wucewa, ya ɗaga masa hannu don nishaɗi. Bayan 'yan kwanaki zazzaɓi ya kama shi, da dare kuma ya riƙa jin wani abu ya hau ƙirjinsa yana shaƙe shi, irin abin da Bahaushe ke kira dannau. Sai ya lura ruwan da yake ajiyewa a kwalba kusa da gado yana ƙarewa kafin safiya. Ya ajiye ruwa da madara da giya da burodi don gwaji, aka shanye ruwa da madara, aka bar sauran. Ya ga an karya fure a lambu ba tare da hannu ba, ya ga shafin littafi yana juya kansa. Ranar da ya tsaya gaban madubi bai ga kansa ba, sai ya yanke cewa halittar ce ta shiga tsakani. Ya kammala da cewa wani sabon jinsi ne ya zo ya mallaki ɗan Adam kamar yadda ɗan Adam ya mallaki doki da sa. Ya sa aka yi wa ɗakinsa ƙyauren ƙarfe, ya kulle abin a ciki, ya cinna wa gidan wuta, ya manta barorinsa suna barci a sama. Suka ƙone. Shi kuma ya gane wuta ba ta kashe abin da ba shi da jiki, saboda haka babu mafita sai ya kashe kansa.

Mutane da yawa sun ɗauki labarin a matsayin shaidar cewa marubucin ya riga ya zautu. Hujjar ba ta da ƙarfi. A watan Yulin 1887 ya hau wata balan-balan mai ɗaukar mutane da aka sa wa suna Le Horla, ya tashi daga Paris ya sauka a Beljiyam, ya kuma rubuta labarin tafiyar cikin raha. A 1888 ya fitar da Pierre et Jean, wanda masana ke ɗauka mafi tsari a dogayen labaransa. An kuma san yana halartar laccocin likita Jean-Martin Charcot a asibitin Salpêtrière kan cututtukan jijiya da ƙwaƙwalwa, don haka yawancin alamomin da ya zayyana ya nazarce su ne. Amma kuma ba za a ce ba ruwan jikinsa da labarin ba. Tun farkon shekarun 1880 yake fama da ciwon ido da ciwon kai mai tsanani da rashin barci, yana shaƙar sinadarin ita domin samun sauƙi.

A 1889 aka kai ƙaninsa Hervé asibitin masu taɓin hankali kusa da Lyon, ya rasu a can cikin watan Nuwamba. Shekara guda bayan haka Maupassant ya rubuta Qui sait?, labarin mutumin da ya ga kayan ɗakinsa suna fita daga gida da ƙafarsu, ya kai kansa asibitin mahaukata don neman mafaka. A 1891 rubutu ya gagare shi. Ya yi ta yawo daga wannan likita zuwa wancan, yana cewa ƙwaƙwalwarsa na narkewa. A daren 1 ga watan Janairun 1892, a garin Cannes, ya yi yunƙurin yanke maƙogwaronsa da wuƙar buɗe takarda, baransa François Tassart ya cece shi. Cikin mako guda aka kai shi asibitin likita Blanche da ke unguwar Passy a Paris, inda ya yi wata 18, hankali na gushewa, jiki na shanyewa. Ya rasu a ranar 6 ga watan Yulin 1893, saura wata guda ya cika shekara 43. An binne shi a maƙabartar Montparnasse, Zola ya yi jawabi a bakin kabarin.

Sai a 1905 masana a Jamus suka gano ƙwayar cutar tunjere, a 1913 aka tabbatar da cewa ita ce ke shiga ƙwaƙwalwa ta haddasa irin haukar da ta kashe shi, a 1943 kuma aka fara warkar da ita da allurar fenisilin. A nasa ɓangaren, marubucin labaran ban tsoro na Amurka H. P. Lovecraft ya sanya Le Horla cikin fitattun labaran wannan fanni a wani nazari da ya wallafa a 1927, kuma a 1963 aka maida labarin fim a Amurka, Vincent Price ya fito a matsayin mutumin da halittar ta mallake.