Malam Tsiyolkofski, Kurman da Ya Nuna Hanyar Sama

An haifi Konstantin Tsiyolkofski a wani ƙauye na ƙasar Rasha a shekarar 1857. Yana da kimanin shekara 10 ya yi zazzaɓi mai tsanani. Ya warke, amma kunnuwansa suka toshe. A aji ba ya jin abin da malami yake faɗa, don haka bai daɗe a makaranta ba.

Duk da haka bai karaya ba. Yana da shekara 16 ya tafi birnin Mosko. Shekara 3 ya yi yana koya wa kansa lissafi da kimiyya a ɗakin karatu. Ɗan kuɗin da ubansa yake aiko masa, littattafai yake saye da su, ya ci burodi ya sha ruwa. Daga baya ya ci jarrabawa ya zama malamin lissafi. A 1892 aka mai da shi garin Kaluga.

Idan an tashi daga makaranta, sai ya duƙufa a kan tambaya ɗaya: ta yaya mutum zai fita sararin samaniya? Yara, ku hura balan-balan ku sake shi. Iska tana fita ta baya, shi kuma yana yin gaba. Haka roka take tashi. A 1903 Malam Tsiyolkofski ya nuna da lissafi cewa sai abu ya yi gudun kimanin kilomita 8 a daƙiƙa ɗaya kafin ya iya kewaya duniya. Mai irin wannan gudu zai tashi daga Duwala ya isa Yawunde cikin rabin minti!

A lokacin, kusan ba wanda ya kula da rubutunsa. Sai da ya tsufa aka san darajarsa. Ya rasu a 1935, bai taɓa ganin roka ta fita sararin samaniya ba. Amma matasa masana sun karanta littattafansa. A 1957, shekara 100 da haihuwarsa, Tarayyar Sobiyet ta harba Sputnik, tauraron ɗan'adam na farko. Yau irin waɗannan taurari ne suke kawo mana wasan ƙwallo daga ƙasashe masu nisa har cikin unguwarmu ta New Bell.

Tambayoyi
1. Me ya hana Tsiyolkofski zama a makaranta?
2. Yaya roka take tashi?
3. Me ya faru a 1957?