Maulana Azad, malamin da ya ƙi a raba Indiya

Mun saba jin labarin Gandhi, amma ba kasafai muke jin na Maulana Abul Kalam Azad ba. An haife shi a Makka a 1888, ya tashi a Kalkata. A 1912 ya kafa jaridar Al-Hilal, yana kiran Musulmi da mabiya addinin Hindu su haɗa kai su kori Turawan Ingila. Ya ƙi yarda a raba ƙasar saboda addini, amma ba a saurare shi ba. A 1947 aka cire Pakistan daga Indiya, maƙwabta suka far ma juna, dubban ɗaruruwa suka hallaka. A babban masallacin Delhi ya roƙi Musulmi kada su gudu daga ƙasarsu. Ya rasu a 1958 yana ministan ilimi. Allah ya jiƙan shi.