Malam Yakubu, Sarkin Bauchi na Farko

Duk ɗalibin da ya taɓa shiga birni ta Ƙofar Wunti ko Ƙofar Ran ya taka aikin Malam Yakubu, ko ya sani ko bai sani ba. To, ga tarihinsa a taƙaice.

Yakubu Bageri ne, watau daga Gerawa, mutanen da ke zaune a wannan ƙasa tun kafin a yi birnin. Sunan ubansa Dadi, an kuwa haife shi a Tirwun. Tun yana yaro aka ba da shi ga Malam Isiyaku don karatu. Malamin ya tafi da shi Degel wajen Shehu Usmanu ɗan Fodiyo, ya daɗe can yana neman ilmi.

Da jihadi ya tashi cikin 1804, Shehu ya ba shi tuta. Abin lura a nan, yawancin waɗanda aka ba tuta Fulani ne, shi kuwa ɗan ƙasa ne. Ilminsa da amanarsa aka duba.

Da ya komo gida sai ya fara zama a Inkil, sa'an nan cikin 1809 ya kafa birnin Bauchi tsakanin duwatsu, ya kewaye shi da ganuwa. An ce daga wani maharbi mai suna Baushe garin ya sami sunansa. Mulkinsa ya bi kwarin Gongola, ya miƙa kudu har Wase da Lafiya. Amma ba a cikin sauƙi ba, gama Jarawa da Sayawa da waɗansu mutanen kan dutse sun yi ta kare 'yancinsu, aka zub da jini, aka kama bayi. Wannan ma tarihi ne, bai kamata malami ya ɓoye shi ba.

Cikin 1827 Shehu Laminu na Barno ya taso da runduna ya nufo ƙasar Kano. Yakubu ya tare shi, ya mai da shi baya. Ya rasu cikin 1845, ɗansa Ibrahim ya gaje shi.

Yau 'ya'yan Gerawa da yawa Hausa kaɗai su ke ji. Idan aka tura ku ƙauyuka koyarwa, ku zauna da tsofaffi, ku rubuta abin da suka sani tun suna da rai. Allah ya ji ƙan Malam Yakubu, amin.