P. Ramlee: mawaƙin da ya kai talakan Malay sinima, ya mutu matasa sun juya masa baya

A tsakiyar Kuala Lumpur, babban birnin Malesiya, akwai titin da ake kira Jalan P. Ramlee. Mutumin da titin ya ci sunansa bai ga wannan karramawa da idonsa ba.

An haifi Teuku Zakaria ranar 22 ga Maris 1929 a tsibirin Penang, mahaifinsa kuwa baƙo ne daga Aceh. A 1948 wani darakta ɗan Indiya, B. S. Rajhans, ya ji waƙarsa, ya gayyace shi Singafo, inda kamfanin Shaw Brothers ke shirya finafinai da harshen Malay. A lokacin kuɗin na ƴan kasuwar Sin ne, daraktoci mafi yawansu Indiyawa, labaran ma sau da yawa daga finafinan Indiya ake aro su. Malay ɗin dai su ne ƴan wasa.

Ramlee ya sauya wannan. A 1955 ya ba da umarnin fim ɗinsa na farko, Penarek Becha, labarin matuƙin keken haya da ya kamu da son ɗiyar attajiri. Bujang Lapok na 1957, shekarar samun ƴancin kai, ya nuna gwauraye uku masu zaman haya suna fama da rashin kuɗi da neman aure. Ibu Mertuaku na 1962 kuwa kan surukar da ta raina mawaƙi ne. Mutanen da suka baro ƙauye zuwa birni sun ga ɗakunansu da bashinsu a majigi, suna dariya alhali abin na taɓa su.

A 1964 ya koma Kuala Lumpur, ɗakin shirya finafinai na Merdeka, inda kayan aiki ba su kai na Singafo ba. Talabijin ta shigo, matasa sun koma kiɗan jita irin na Beatles, wanda suke kira pop yeh yeh. Aka fara yi masa kallon tsohon yayi.

Ciwon zuciya ya yi ajalinsa ranar 29 ga Mayu 1973, yana da shekara 44, hannunsa ba nauyi. Sai a 1990 aka ba shi sarautar Tan Sri. Matarsa, mawaƙiya Saloma, ta rasu a 1983, aka binne ta kusa da shi a maƙabartar Jalan Ampang.