Mista Arnold Gingrich, Editan Da Ya Koya Wa Mazan Amurka Sa Tufafi

Yau za mu ba masu karatu tarihin wani mutumin Amurka wanda bai taɓa riƙe allura ba, amma telolin ƙasarsa suka daɗe suna bin abin da ya buga. Sunansa Arnold Gingrich. An haife shi ran 5 ga watan Disamba, 1903, a garin Grand Rapids cikin Jihar Michigan, ya kuma gama jami'ar Michigan a 1925. Aikinsa na fari shi ne rubuta tallan kaya.

A zamanin nan mujallun ado na mata ne, namiji kuwa yana jin kunya a gan shi yana duba irinsu. Cikin 1931 Gingrich da abokansa, David Smart da William Weintraub, suka fitar da wata mujalla a Chicago mai suna Apparel Arts, domin masu kantunan tufafin maza. Da suka ga masu saye ma suna sha'awarta, sai suka kafa Esquire a 1933, Gingrich ne edita. Lokacin kuwa ciniki ya faɗi a Amurka, mutane da yawa ba su da aiki, ga shi an sa mata kuɗi rabin dala, tsada ƙwarai. Duk da haka ta sayu, har ta koma fita wata-wata a 1934.

Dabararsa ita ce ya gauraya zancen tufafi da rubutun mashahuran marubuta. Ernest Hemingway ya yi rubutu tun fitowar farko, F. Scott Fitzgerald ya biyo baya. Saboda haka mutum ya saya da sunan karatu, kafin ya ajiye ya ga zane mai launi na irin kwat, da taye, da malafa, da takalmin da suka dace da ofis, ko biki, ko tafiya. Masu kantuna suka sami ciniki, masu talla suka kawo kuɗi.

Amma akwai abin da ya kusa kashe mujallar. Tana buga zanen mata marasa cikakkiyar sutura, sai Shugaban Gidan Waya na Amurka ya janye mata rangwamen kuɗin aikawa a 1943, ana cikin Yaƙin Hitila. In babu rangwamen nan kuwa, mujalla ba ta iya kaiwa ga masu biya ba tare da hasara ba. Aka yi ta shari'a, har Kotun Ƙoli ta yanke a 1946 cewa gidan waya ba shi da ikon zaɓar wa jama'a abin karatu bisa ga ra'ayinsa. Ko wanda bai yarda da zanen ba ya san hukuncin nan ya kare sauran jaridu.

Gingrich ya zauna ƙasar Suwizalan shekaru kaɗan, ya dawo ya riƙe ragamar Esquire a 1952. Apparel Arts kuma ita ce daga baya ta zama Gentlemen's Quarterly, wadda aka sani da GQ. Mutum ne mai son kamun kifi da ƙugiya, har ya rubuta littattafai a kai. Ya mutu ran 9 ga watan Yuli, 1976, a Jihar New Jersey.

Mu dai abin da muka lura shi ne, ya kawar wa maza kunyar kula da sutura, amma kuma ya saba musu da sayen sabo alhali tsoho bai tsufa ba.