Tarihin magabata: Malam Muhammadu al-Katsinawi, masanin lissafin da ya rasu a Alƙahira

A filinmu na tarihin magabata, yau mun ɗauko wani malami daga ƙasar Hausa wanda masana tarihin lissafi ke ambatonsa har gobe, amma mu nan gida da yawanmu ko sunansa ba mu taɓa ji ba. Shi ne Muhammadu ɗan Muhammadu al-Fulani al-Katsinawi.

Bafillace ne, mutumin ƙasar Katsina. Ya yi yawon neman ilimi, kuma cikin malamansa akwai Muhammadu al-Wali na Bagarmi, a ƙasar Cadi ta yanzu. Daga baya ya kama hanyar gabas, ya sauke farali a Makka, sannan ya zauna Alƙahira ta Masar. Can ne wani babban malami, Hasan al-Jabarti, ya sauke shi gidansa, ya kuma yi karatu wurinsa. A gidan nan ya rasu a 1741, ya bar wa mai masaukinsa littattafansa. Ɗan mai gidan, Abdurrahman al-Jabarti, wanda ya zama sanannen marubucin tarihin Masar, ya sa shi cikin jerin malaman da ya rubuta labarinsu. Ku lura, shekara 13 ke nan kafin a haifi Shehu Usmanu Ɗan Fodiyo a Maratta, nan cikin jaharmu ta Tahoua, a 1754.

A 1732 ya rubuta littafi da Larabci mai suna Bahjat al-Afaq, a kan abin da malamanmu ke kira hatimi ko wafaƙi. Ya haɗa shi da ilimin haruffa da asirai, kamar yadda malaman zamaninsa sunka saba. Amma abin da ya ja hankalin masana na yau shi ne dabarun da ya bayyana na cika hatimi mai gida 3, 5, 7 da makamantansu a kowane gefe, ta yadda kowane layi zai ba da jimla ɗaya.

Ga mafi ƙanƙantarsu, wanda an san shi a ƙasar Sin tun kafin zamanin Malam. Layin sama 4, 9, 2. Na tsakiya 3, 5, 7. Na ƙasa 8, 1, 6. Ku tara a kwance, a tsaye ko a karkace, 15 za ku samu.

To, mu nan munka ce bari mu gwada wani lissafi da shi. A rubuta 1 zuwa 9 a ƴan takardu, a zuba cikin ƙwarya, yaro ya rufe ido ya zaro uku. Zarowar farko takarda 9 ce gabansa, ta biyu 8, ta uku 7. Idan anka ninka, 504 ke nan. Amma lambobi uku suna iya jeruwa ta hanya 6, kuma ba ruwan jimla da wadda ta fara fitowa, sai mu raba 504 gida 6, mu samu 84. Cikin 84 ɗin nan, 8 kaɗai ke ba da 15, kuma su ne layuka 8 na hatimin: uku a kwance, uku a tsaye, biyu a karkace. Ke nan damar yaron 8 ce cikin 84, ba ta ma kai 1 cikin 10 ba. Huɗu daga cikin takwas ɗin suna da 5, shi ya sa dole 5 ta zauna tsakiya, domin gidan tsakiya ne kaɗai layi huɗu ke ratsawa.

In kuwa mutum ya ce zai watsa lambobin tara cikin gidajen a kan sa'a, jeri 362,880 ne ke iya fitowa, 8 kacal ke daidai. Wato 1 cikin 45,360. Wanda ya san ƙa'ida kuwa, kafin shayi ya tafasa ya gama.

Abin da ya sa munka kawo wannan, muna ganin samarinmu a fada da tasha suna zuba kuɗin ci rani cikin cacar salula, kowa na cewa yau sa'arsa ce. Ɗan'uwa, kafin ka sa dalarka, ƙirga hanyoyin ci nawa ne, na faɗuwa nawa. Su masu shirya cacar ai sun ƙirga tun tuni.

Haka kuma iyaye, kar mu bari yaranmu na lakwal su ɗauka lissafi kayan Nasara ne da ya fi ƙarfinsu. Kusan shekara 300 da sunka wuce, ɗan ƙasar Hausa ya koyar da shi a Alƙahira. Daren yau ku zana gida tara a ƙasa, ku ba yaro lambobin, ku ga ko zai gano mazaunin 5 da kansa. In ya iya, gobe a ƙara masa mai gida 25, wanda kowane layinsa ke ba da 65.

Allah ya jiƙan Malam, ya sa yaranmu su gaje shi.