Dolores del Río: Jarumar da ta bar Hollywood ta koma gida ta sake suna

A ranar 11 ga Afrilun 1983 ne Dolores del Río ta rasu a garin Newport Beach na jihar Kalifoniya a Amurka, tana da shekara 78, bayan fama da ciwon hanta. Ta shafe sama da shekara 50 tana wasan kwaikwayo a fim da dandamali da talabijin, kuma ana lissafa ta a matsayin mace ta farko daga yankin Latin Amurka da ta zama babbar tauraruwa a Hollywood. Sai dai ayyukan da suka fi ɗaukaka sunanta ta yi su ne a ƙasarta Meksiko, a shekarun da masu kamfanonin fim na Amurka suka ɗauka tauraruwarta ta riga ta dusashe.

Daga gidan daula zuwa gudun hijira

An haife ta ranar 3 ga Agustan 1904 a birnin Durango da ke arewacin Meksiko, aka raɗa mata suna María de los Dolores Asúnsolo y López Negrete. Mahaifinta shi ne shugaban Bankin Durango, mahaifiyarta kuwa 'yar dangi ce ga Francisco Madero, wanda daga baya ya zama shugaban ƙasa. Ita kaɗai iyayenta suka haifa, ta kuma buɗe ido cikin wadata.

Juyin juya halin da ya ɓarke a 1910 ya rushe wannan daula. Da mayaƙan juyin suka tasar wa Durango, mahaifinta ya tsallaka Amurka, ita da mahaifiyarta kuma suka yi shigar manoma suka shiga jirgin ƙasa zuwa birnin Meksiko. A can ta yi karatu a makarantar 'yan mata ta Katolika inda ake koyarwa da Faransanci, a can ne kuma sha'awar rawa ta kama ta bayan ta kalli shahararriyar 'yar rawar Rasha, Anna Pavlova.

A 1921, tana da shekara 16, ta auri Jaime Martínez del Río, ɗan wani babban gida na masu dukiya, wanda daga gare shi ta samo sunan da duniya ta san ta da shi. Sun yi dogon zama a Turai, sannan suka dawo domin kula da gonar auduga ta mijin. Faɗuwar farashin auduga ta karya musu jari. Ana cikin wannan hali ne daraktan fim ɗan Amurka Edwin Carewe ya gan ta tana rawa a wata liyafa a 1925, ya yi musu tayin zuwa Hollywood. A wancan zamani manyan gidajen Meksiko na ganin fitowar 'yarsu a majigi abin kunya ne, amma ma'auratan suka tattara suka tafi.

Zamanin fim mara sauti

Fim ɗinta na farko, Joanna, ya fito a 1925, kuma rawar da ta taka a ciki ƙarama ce. Shekara guda bayan haka aka saka ta cikin jerin sabbin jarumai mata da ake hasashen za su yi fice, tare da Joan Crawford da Janet Gaynor da Mary Astor. Fim ɗin yaƙi na What Price Glory? na 1926 ya buɗe mata ƙofa, sai Resurrection na 1927 wanda aka ɗauko daga littafin Tolstoy, sannan Ramona na 1928 da Evangeline na 1929.

Da yake fina-finan lokacin ba su da murya, fuska da motsin jiki su ne jarin jarumi, babu ruwan 'yan kallo da irin Ingilishin da ke bakinsa. Hakan ya ba ta damar fitowa a matsayin Bafaranshiya yau, gobe 'yar Rasha, jibi 'yar Sifaniya. Ɗaukakar ta zo da nata asarar. Aurenta ya mutu a 1928, kuma kafin shekarar ta ƙare Jaime ya rasu a Berlin.

Zuwan sauti a ƙarshen shekarun 1920 ya durƙusar da jarumai baƙi da dama, ita kuwa ta tsallake. A 1930 ta auri Cedric Gibbons, shugaban sashen tsara wuraren ɗaukar fim na kamfanin MGM, mutumin da ya zana siffar mutum-mutumin kyautar Oscar. Ta fito a Bird of Paradise a 1932, da Flying Down to Rio a 1933, fim ɗin da Fred Astaire da Ginger Rogers suka fara rawa tare, sannan Madame Du Barry a 1934.

Amma sauti ya taƙaita mata fili. Da zarar ta buɗe baki an san baƙuwa ce, don haka rawar da ake ba ta ba ta wuce ta kyakkyawar baƙuwa mai tufafin alfarma. Fim ɗin Girl of the Rio na 1932 ma ya ɓata wa 'yan ƙasarta rai saboda yadda ya siffanta mutumin Meksiko. Zuwa ƙarshen shekarun 1930 kasuwarta ta ja baya. Aurenta da Gibbons ya ƙare a farkon shekarun 1940, soyayyarta da matashin darakta Orson Welles ita ma ta watse bayan fim ɗin Journey into Fear. Tana dab da cika shekara 40, shekarun da Hollywood ke fara juya wa jarumai mata baya, ta yanke shawarar komawa gida.

Komawa Meksiko

Ta tarar da masana'antar fim ta ƙasarta na bunƙasa, domin Yaƙin Duniya na Biyu ya rage fina-finan da ke zuwa daga Turai, kasuwar masu jin Sifaniyanci kuma ta buɗe. Darakta Emilio Fernández ya haɗa ta da jarumi Pedro Armendáriz da mai ɗaukar hoto Gabriel Figueroa da marubuci Mauricio Magdaleno. Aikinsu na farko shi ne Flor silvestre na 1943, inda ta ajiye gwala-gwalai da kwalliya ta fito a matsayin 'yar ƙauye, tana magana da harshen da ta tashi da shi.

Wanda ya biyo baya, María Candelaria, shi ne ya zama tambarinta. Labari ne na wata matashiya 'yar asalin ƙasa mai sayar da furanni a cikin kwalekwale a magudanan ruwa na Xochimilco, wadda mutanen garinsu suka tsangwama saboda mahaifiyarta ta yi zaman kanta. Wani mai zane ya zana fuskarta, da ta ƙi tuɓe masa kaya sai ya ƙarasa zanen da jikin wata mace. Mutanen gari suka ga hoton, suka yanke mata hukunci ba tare da bincike ba, suka jefe ta har lahira. Fim ɗin na cikin waɗanda suka samu babbar kyautar bikin fina-finai na Cannes a Faransa a 1946, Figueroa kuma ya samu kyautar ɗaukar hoto. Daga nan duniya ta fara kallon fim ɗin Meksiko da mutunci.

Masu nazari na baya sun yi ta muhawara a kan fim ɗin. Wasu na ganin ya ƙawata talauci, kuma ɗora 'yar masu mulki farar fata a matsayin 'yar asalin ƙasa ya nuna inda masana'antar ta gaza. Wasu kuma na ganin ya kawo mutanen da aka daɗe ana rainawa tsakiyar allo, ya kuma nuna zaluncin da ake yi musu.

Ta ci kyautar Ariel, wadda ita ce mafi girma a harkar fim a Meksiko, har sau uku a matsayin gwarzuwar jaruma: a Las abandonadas, da Doña Perfecta na 1951, da El niño y la niebla na 1953. A tsakani ta fito a La otra na Roberto Gavaldón a 1946, inda ta taka rawar tagwaye, da The Fugitive na John Ford a 1947 tare da Henry Fonda.

Hana biza da hawa dandamali

A 1954 kamfanin 20th Century Fox ya ɗauke ta domin ta fito a Broken Lance tare da Spencer Tracy. Lokacin kuwa Amurka na tsakiyar farautar waɗanda ake zargi da ra'ayin gurguzu, ita kuma tana hulɗa da masu fasaha irin su mai zane Diego Rivera. Hukumomin Amurka suka hana ta biza. Aka ba 'yar ƙasarta Katy Jurado rawar, har ta kai Jurado ga shiga takarar Oscar.

Sai a 1956 aka warware matsalar. Maimakon ta jira fim, sai ta juya ga wasan daɓe, fagen da babu damar a sake ɗauka idan an yi kuskure. Ta nemi horo a wurin malamar wasan kwaikwayo Stella Adler, duk da shekara 30 da ta riga ta yi a gaban kyamara, ta kuma fara da wasan Anastasia a jihar Massachusetts. A 1958 ta gabatar da Lady Windermere's Fan na Oscar Wilde a birnin Meksiko, daga baya ta yi Ghosts na Henrik Ibsen da La dama de las camelias. Lewis Riley, Ba'amurken da ta aura a 1959, shi ne ya shirya da yawa daga cikin waɗannan wasanni, kuma suna tare har ƙarshen rayuwarta.

A 1957 ta zauna cikin alƙalan bikin Cannes. Ta koma Hollywood a 1960 ta fito a matsayin mahaifiyar Elvis Presley a Flaming Star, sai Cheyenne Autumn na John Ford a 1964. A talabijin ɗin Amurka ta bayyana a shirye-shirye irin su I Spy da Branded da Marcus Welby, M.D. Fim ɗinta na ƙarshe shi ne The Children of Sanchez na 1978, tare da Anthony Quinn.

Abin da ta bari

Dolores ba ta haihu ba, amma shekarunta na ƙarshe yara ta ba su. Tare da wasu jarumai mata ta kafa ƙungiyar Rosa Mexicano, wadda ta tara kuɗi ta gina gidan renon 'ya'yan mambobin ƙungiyar 'yan wasan kwaikwayo ta ƙasa, domin iyaye mata su samu inda za su bar 'ya'yansu idan sun fita aiki. An buɗe gidan a 1974 da sunanta, ta kuma jagorance shi na tsawon shekaru. A 1975 aka karrama ta da Ariel ta zinariya saboda hidimar da ta yi wa sana'ar.

Bayan rasuwarta an mayar da tokar gawarta birnin Meksiko, kuma a yau tana cikin sashen da aka keɓe wa fitattun 'yan ƙasa a maƙabartar Panteón de Dolores. A Hollywood akwai tauraro mai ɗauke da sunanta a kan titin da ake karrama jarumai, amma a Meksiko hoton da aka fi tuna ta da shi shi ne na mace lulluɓe da mayafi, tsaye cikin kwalekwale cike da furanni.